Muhawara: Zaɓen zamanin Turawa, wa ya jefa ƙuri'a, wa aka bari a gida?

Malam Ɗanladi:
Salamu alaikum jama'a. Jiya wani ya rubuta a nan cewa zaɓen gaskiya sai na zamanin Bature. Maganar ta wuce ba wanda ya tanka, ni kuwa ta tsaya mini a wuya. Kafin a yaba ko a kushe, a fara faɗa mana wane zaɓe ake nufi, domin daga 1923 zuwa 1959 an yi iri-iri, kuma ba su yi kama da juna ba.

Na farko ya biyo bayan tsarin mulkin Gwamna Clifford na 1922. Zaɓaɓɓu huɗu kacal aka ba wa kujera a majalisar Legas: uku daga Legas, ɗaya daga Kalaba. Mai jefa ƙuri'a sai namiji wanda yake samun fam 100 a shekara, kuma ya shekara zaune a garin. A zaɓen 1923 jam'iyyar NNDP ta Herbert Macaulay ta kwashe kujerun Legas ukun. Arewa ba ta cikin lissafin sam, Gwamna ne yake yi mata doka da sanarwa. Tsarin Richards da ya fara aiki a 1947 ya kawo Majalisar Sarakuna da Majalisar Wakilai a Kaduna, amma wakilan En'e-En'e ne, wato hukumomin gargajiya na sarakuna, suka turo su, ba wanda ya zaɓe su. Saboda haka talakan Arewa bai ji ƙanshin zaɓe ba sai 1951. Barista, kai ka fi riƙe yadda na 1951 ya gudana.

Barista Audu:
Wa alaikumus salam, Malam. Na 1951 shi ne na tsarin Macpherson, kuma hawa-hawa ne kamar tsani.

Hawan farko a ƙauye ko unguwa. A tara maza masu biyan haraji, galibi a ƙofar gidan dagaci ko mai unguwa. Babu takarda, babu akwati. A ɗaga hannu, ko a tsaya a bayan wanda ake so, a ƙirga. Wanda ya fito nan ba ɗan majalisa ba ne, ɗan aike ne kawai zuwa hawa na gaba, wato gunduma, gaban hakimi. Su ma a can su tace, su tura kaɗan daga cikinsu gaba. Haka har a kai ga taron ƙarshe na lardi, kuma a manyan masarautu tsanin yakan kai hawa biyar. Taron lardi ne yake fitar da 'yan Majalisar Wakilai ta Kaduna, su 90 duka Arewa. Ba a tsaya nan ba. Wakilai 68 da Arewa take da su a Legas, cikin zaɓaɓɓu 136, daga cikin majalisun Kaduna biyu aka tsamo su, har da hannun sarakuna. To ku lissafa tazarar da ke tsakanin hannun da manomi ya ɗaga a ƙauye da mutumin da ya zauna a kujerar Legas da sunansa.

Sai kuma abin da ake kira allura. Doka ta ba En'e dama ta ƙara mutanenta a taron ƙarshe, har kashi 10 cikin 100, waɗanda ba su bi ta hawa ko ɗaya ba. Suna jefa ƙuri'a, kuma ana iya zaɓensu. Bari in ba da misali da lissafi, ba adadin wani lardi ba ne. A ce mutum 100 suka hauro, 52 'yan adawa, 48 na fada. En'e ta zuba 10, na fada sun koma 58. Tunda kowa yana zaɓen mutane ne daidai yawan kujerun lardin, ɓangaren da ya haɗa kai ya fi yawa ko da mutum ɗaya ne, shi zai kwashe kujerun kaf. Masu 52 su tashi ba ko kujera ɗaya.

Abin da ya sami NEPU a Kano ke nan. An kafa ta ranar 8 ga Agusta 1950, ta yi rawar gani a hawan ƙasa cikin birni, amma da aka je taron ƙarshe ko kujera ɗaya ba ta samu ba. Wannan tsoratar da NEPU ta yi na cikin abin da ya sa Jam'iyyar Mutanen Arewa, wato NPC, ta bar zama ƙungiyar al'adu ta koma jam'iyyar siyasa a Oktoba 1951, ana tsakiyar zaɓen.

Baba Tanimu:
Barista, lissafinka daidai, amma ka yi wa mutanen adalci. A 1951 babu rijistar masu zaɓe, babu ma ƙidaya mai kama hankali, domin ta baya tun 1931 ce, sabuwar kuma sai 1952 aka yi ta a Arewa. Littafin haraji kaɗai ke akwai, shi ya sa aka ɗaura zaɓen a kansa. Masu karatun boko 'yan ƙalilan ne, yawancinsu kuma ma'aikatan En'e. Lardi guda da faɗinsa, Razdan ne da 'yan Di'o-Di'o da ba su cika tafin hannu ba. Wa zai tsaya a rumfa dubu? Ita allurar ma hujjar da aka bayar ita ce, malamin makaranta ko ma'aji da yake zaune a birni ba zai taɓa fitowa daga taron ƙauye ba, alhali shi ne zai iya karanta kasafin kuɗi a Kaduna. In ba a buɗa masa ƙofa ba, sai a tura majalisa mutanen da ba za su iya bin takarda ba, su zauna gaban su Awolowo da Azikiwe.

Barista Audu:
Baba, Allah ya ƙara girma. Rashin ma'aikata ya bayyana dalilin hawa-hawa, na yarda. Bai bayyana dalilin ɗaga hannu a gaban mutumin da yake yanka maka haraji ba. Ku tuna yadda harajin yake: dunƙule ake ɗora wa gari, dagaci da masu unguwa su raba wa magidanta. Mai rabon nan shi ne yake zaune yana kallon hannunka. Gonar da kake nomawa, shi ne shaidarta. In ka yi rigima, alƙalin En'e za a kai ka, ɗan dokan En'e ya kama ka, gidan yarin En'e ka kwana. Ko inda aka sassauta aka ce marar karatu ya raɗa wa jami'i sunan wanda yake so a kunne, sirrin ya zama na mutum biyu, kuma na biyun ba kai ka zaɓe shi ba.

Batun masu ilimi kuwa, Malam Aminu Kano malamin makaranta ne da ya yi karatu a Landan. Me ya sa allurar ba ta taɓa shigo da irinsa ba?

Baba Tanimu:
Wannan tambayar ka ci ta. Amma ka ƙara da cewa abin bai tsaya cak ba. Tsarin Lyttelton na 1954 ya raba zaɓen tarayya da na jiha, kujeru suka zama 184, Arewa na da 92. A zaɓen jiha na 1956 an fara jefa ƙuri'a kai tsaye a asirce a wasu birane, karkara ta ci gaba da hawa-hawa. A shekarar ne Ibrahim Imam ya shiga majalisar Kaduna yana adawa daga Borno, 'yan jam'iyyar Talaka Parapo kuma suka girgiza Ilori. Ƙofa ce ake buɗewa da kaɗan-kaɗan.

Malam Ɗanladi:
Rabin kujerun nan ma a san asalinsa. A taron Ibadan na Janairu 1950 wakilan Arewa suka kafe sai an ba su rabin majalisar tsakiya, har Sarkin Zazzau, da goyon bayan Sarkin Katsina, ya ce in ba haka ba a raba Arewa da sauran ƙasar kamar kafin 1914. Aka ba su. Ƙidayar 1952 zuwa 1953 ta zo ta ba Arewa kusan miliyan 16.8 cikin miliyan 30 da ɗoriya, sai rabin ma ya zama ƙasa da abin da yawan jama'a ya nuna.

Hajiya Rabi:
Yayyena, tun ɗazu ina karantawa, "talaka", "manomi", "magidanci". Duk maza. Miliyan 16.8 ɗin nan da Malam ya ambata, da mata aka ƙirga. Da kawunanmu aka karɓo kujeru, amma ranar zaɓe aka ce mu zauna a ɗaki.

Ga yadda abin yake a jere. Matan Legas sun yi zaɓen majalisar gari tun 1950. Matan Gabas sun samu cikakken 'yanci a 1954. A Yamma an fara da mata masu biyan haraji, zuwa zaɓen tarayya na 1959 kowace baliga a Kudu tana da ƙuri'a. A Arewa dokar 1959 ta ce namiji mai shekara 21. An sami mulkin kai na jiha a Maris 1959, an sami 'yancin ƙasa a 1960, an yi Jamhuriya ta Farko har ta faɗi a 1966, macen Arewa ba ta taɓa akwati ba. Sai gyaran ƙananan hukumomi na 1976, a hannun soja, sannan babban zaɓen 1979. NEPU ta nemi a ba mata ƙuri'a, NPC ta ce lokaci bai yi ba. Hajiya Gambo Sawaba ta sha ɗauri da duka tana yi wa jam'iyya kamfe a zaɓen da ita kanta ba ta da ikon jefa ƙuri'a a cikinsa. Wanda ya ce zaɓen gaskiya sai na Bature, ya fara gaya mini gaskiyar wa.

Isufu Damagaram:
Hajiya, sannu da ƙoƙari. Bari in kawo na wajenmu, don ku ga iyaka ɗaya ta raba 'yan uwa biyu. Mace a Maraɗi ta jefa ƙuri'a a 1957, 'yar uwarta a Katsina ta jira kusan shekara ashirin.

Faransa ba ta bi ta hawa-hawa ba, ta bi ta jerin sunaye. A 1946 aka soke aikin tilas, aka soke dokar da kwamandan yake ɗaure mutum ba shari'a, aka ce duk mutanen ƙasashen renon sun zama 'yan ƙasa. Amma zama ɗan ƙasa daban, samun katin zaɓe daban. Dokar Oktoba 1946 ta lissafa waɗanda za su yi zaɓe: sarakuna, ma'aikatan gwamnati, tsofaffin soja, 'yan kasuwa masu lasisi, masu takardar mallakar fili, har da mai lasisin tuƙi ko na bindigar farauta. A 1947 aka ƙara wanda ya iya karatu da Faransanci ko Larabci. A 1951 aka ƙara magidanta masu biyan haraji, da uwar 'ya'ya biyu, rayayyu ko waɗanda suka mutu a yaƙin Faransa. Kun ji ta inda mata da yawa suka fara shiga: ta ɗakin haihuwa.

Sannan majalisar ƙasa a Yamai rumbu biyu ce. Rumbun farko na Faransawa da 'yan tsirarun da ke ƙarƙashin dokar Faransa, na biyu na sauran jama'a. A 1946 kujeru 30, rumbun farko na da 10. A 1952 kujeru 50, suna da 15. 'Yan mutanen da ba su cika kasuwar ƙauye ba suna riƙe da kusan sulusin majalisa. Wannan ita ce tamu allurar, Barista, sai dai tamu ta fi taku kauri. Dokar Defferre ta 23 ga Yuni 1956 ce ta rushe rumbunan, ta ba kowane baligi ƙuri'a, mace da namiji.

Abu guda da ya bambanta mu da ku: mu a lokacin har Paris muke tura depite, wato ɗan majalisa. Diori Hamani ya shiga majalisar Faransa tun 1946. Ingila ba ta taɓa ba ɗan Najeriya kujera a majalisarta da sunan Najeriya ba.

Baba Tanimu:
Malam Isufu, to da aka ba kowa ƙuri'a, sarakunanku sun saki linzamin?

Isufu Damagaram:
Ina fa, Baba. Ga shaida. Zaɓen 31 ga Maris 1957, kujeru 60: ɓangaren Djibo Bakary, wato Sawaba, masu alamar raƙumi, suka sami 41, PPN-RDA ta Diori, masu giwa, 19. Ana cewa talakawa ne suka ci, kuma akwai gaskiya, don Djibo ɗan ƙungiyar ƙwadago ne, 'yan kasuwa ƙanana da direbobi da leburori na bayansa. Amma kafin zaɓen ya haɗe da jam'iyyar BNA wadda sarakunan kanto (kamar hakimai a wajenku) da yawa ke ciki. Zaɓen kuma na jeri ne: kowace jam'iyya ta kawo jerin sunayenta a mazaɓa, jerin da ya fi ƙuri'a ya ɗauke kujerun mazaɓar duka. In sarkin kanto ya juya, ba kujera ɗaya ke juyawa ba.

Shekara ɗaya da rabi bayan nan aka ga haka. Ƙuri'ar raba gardama ta de Gaulle, 28 ga Satumba 1958: "I" a zauna cikin tarayya da Faransa, "A'a" a ɗauki 'yanci nan take. Djibo, yana shugaban gwamnati, ya ce A'a, kamar Sékou Touré a Gini. Paris ta aiko sabon gwamna, Colombani, ana saura 'yan makonni. Sarakuna suka janye daga Sawaba. Sakamako: I ta sami kashi 78, amma cikin masu rijista sama da miliyan 1.3, kashi 37 kawai suka fito. Mutumin da jam'iyyarsa ke da kujeru 41 ya tashi da ƙuri'a dubu ɗari da 'yan kai. Aka rushe majalisa, aka sake zaɓe ranar 14 ga Disamba, Sawaba ta sami 11 cikin 60, su ma daga baya aka soke su. Oktoba 1959 aka haramta jam'iyyar. Ƙuri'ar kowa da kowa ce, mata na ciki, ba hawa ba allura.

Hajiya Rabi:
Na ji, Malam Isufu, kuma ban ce ƙuri'ar mata maganin maguɗi ba ce. Amma wanda aka murɗe wa zaɓe yana da abin da zai yi ƙara a kai. Wadda ba ta cikin rijista fa?

Ɗan Mubi:
Hajiya, a yi mini izini in gyara wuri ɗaya. Kin ce macen Arewa ba ta taɓa akwati ba sai 1976. Akwai waɗanda suka taɓa. A lokacin, yankin Mubi, Gwoza, Dikwa, Ganye har zuwa Mambila ba mallakar Ingila ba ne kai tsaye, amanar Majalisar Ɗinkin Duniya ce, tsohuwar ƙasar Jamus, ana kiransa Arewacin Kamaru, ana mulkinsa tare da Jihar Arewa. An yi ƙuri'ar raba gardama a Nuwamba 1959, maza zalla, suka ce a ɗage maganar makomarsu. Da za a sake a Fabrairu 1961, Majalisar Ɗinkin Duniya ta ce sai da mata. Aka yi musu rijista, suka fito. Masu son Najeriya 146,296, masu son Kamaru 97,659. Ranar 1 ga Yuni 1961 yankin ya shiga Najeriya, ya zama Lardin Sardauna.

Abin dariya abin tausayi: matan da ƙuri'arsu ta taimaka aka shigo Najeriya, suna shigowa suka rasa ta.

Hajiya Rabi:
Na karɓi gyara, ƙanena, kuma ka ƙara mini makami. Ashe an gwada, sama ba ta faɗo ba.

Malam Ɗanladi:
To mu zo kan wanda nake zaton mai maganar jiya yake nufi, na 12 ga Disamba 1959. Shi ne karo na farko da duk ƙasar ta yi zaɓen tarayya kai tsaye, a asirce, rana ɗaya, ƙarƙashin hukumar zaɓe ɗaya. Kwamitin Lord Merthyr ya yanka mazaɓu 320, kowace kusan mutum 100,000, kujera ɗaya-ɗaya. Kudancin Kamaru mai 8 bai shiga ba, saura 312: Arewa 174, Gabas 73, Yamma 62, Legas 3.

Yadda ake jefawa ya bambanta da na yau, kuma a nan dabarar take. Ba a dangwala wa takarda komai. Kowane ɗan takara yana da akwatinsa, da alamar jam'iyyarsa manne a jiki: fartanya ta NPC, tauraro na NEPU, zakara na NCNC ta Azikiwe, bishiyar kwakwa ta AG ta Awolowo. Akwatunan suna cikin wani ɗaki ko bayan shamaki. Ka zo, a duba sunanka a rijista, a sa maka tawada a yatsa, a ba ka takarda ɗaya mai hatimi, ka shiga kai kaɗai, ka jefa a akwatin da kake so. An yi haka ne saboda marar karatu: ba ya bukatar alƙalami, ido kawai.

Inda take yoyo kuwa, ga su. Tunda ba mai ganinka, kana iya ƙin jefawa, ka fito da takardar a aljihu ka miƙa wa dillali. Shi ya tara, ya ba wani amintacce ya shiga da su ya zuba a akwati ɗaya. Na biyu, wanda bai gane ba yakan ajiye takardar a kan akwati ko a gefensa, ta lalace. Na uku, akwatin kowa daban yake, don haka mai mugun nufi ya san wanda zai yi wa ɓarna, kuma mai ɗauka ya san wanda ya yi nauyi tun kafin a buɗe. Na huɗu ba ya bukatar a taɓa komai: a baza magana a ƙauye cewa akwai yadda ake ganin inda kowa ya jefa. Mutumin da shekara takwas da suka wuce a gaban dagaci ya ɗaga hannu, me zai hana shi yarda?

Isufu Damagaram:
Namu akasin haka ne, ramin kuma ɗaya. Akwati guda ne a fili, takardu ne kala-kala, kowane ɓangare da launinsa. Ka ɗauka, ka shiga bayan labule, ka sa ɗaya a ambulan, ka fito ka jefa. Sauran takardar da ba ka sa ba ita ce mai tona maka asiri: a ce ka kawo ta a gani. In ka nuna ta A'a, an san I ka jefa. Wani wurin ma ba sai an kai ga haka ba, in takardun ɓangare ɗaya suka ƙare a tebur, ko katunan zaɓe suka bi ta hannun sarkin kanto kafin su iso ga masu su.

Barista Audu:
Ga sakamakon 1959, a duba shi da alƙalami. NPC kujeru 134, NCNC 81, AG 73, NEPU 8, saura 16 na ƙananan jam'iyyu da 'yan ba-ruwanmu, yawancinsu daga baya suka bi NPC. Amma a yawan ƙuri'a NPC ce ta uku: NCNC kusan miliyan 2.6, AG kusan miliyan 2, NPC miliyan 1.9, NEPU rabin miliyan da ɗan ɗori. In ka raba, kujerar NPC ta tashi a kan ƙuri'a kusan 14,000, ta AG 27,000, ta NCNC 32,000, ta NEPU sama da 63,000. Malam Aminu ya ci Kano ta Gabas a wannan karon, bayan Maitama Sule ya kayar da shi a 1954 ta hanyar hawa-hawa, amma rabin miliyan ɗin nan kujera takwas kawai ya haifa.

Dalili biyu ne. Ɗaya, mai rinjaye ko da ƙuri'a ɗaya shi ke ɗauka, NEPU kuma ƙuri'unta a warwatse suke, ta zo ta biyu a wurare da yawa, ta biyu kuwa ba ta da lada. Biyu, abin da Hajiya ta faɗa: an yanka mazaɓu da yawan jama'a duka, masu zaɓe a Arewa kuma rabi ne.

Baba Tanimu:
A nan zan tsaya maka, Barista. Wannan lissafin ana yawan jefa shi don a ce NPC ba ta cancanta ba, alhali yana da baki biyu. NPC kusan duk takararta a Arewa ta yi, a can kuma maza kaɗai suka yi zaɓe. NCNC da AG ƙuri'unsu na Kudu har da na mata. Da matan Arewa sun fito, suka bi yadda mazansu suka bi, da ƙuri'un NPC sun kusa ninkawa ta zama ta ɗaya, kujerunta kuma ba za su ƙaru ko su ragu ba. Kada kuma a manta AG ta ci kujeru 25 a cikin Arewa, yawanci ta hannun su Joseph Tarka na jam'iyyar UMBC, abokiyar ƙawancenta. Awolowo har da jirgi mai saukar ungulu ya yi yawon kamfe. Da komai a rufe yake, ta ina 25 suka fito?

Hajiya Rabi:
Baba, da girmanka, ka ba ni amsa da bakinka. In ƙuri'ar mata ba za ta rage wa NPC kujera ko ɗaya ba, har ma ta ɗaga mata kai a lissafi, me ya sa aka hana?

Baba Tanimu:
Saboda ba lissafin kujera ba ne, 'yata. Jam'iyyar a kan sarakuna da malamai da hakimai take tsaye, su kuwa batun fitar matan kulle zuwa layi a bainar jama'a ba abin da za su lamunta ba ne a lokacin. Shugabannin sun zaɓi kada su taɓa ginshiƙin da suka jingina da shi. Turawa kuma, da suke shirin tafiya, ba su ga dalilin ɓata da jam'iyyar da suka fi natsuwa da ita ba a kan wannan. Ban ce daidai ba ne. Kin tambayi dalili.

Barista Audu:
Su 25 ɗin ma, Baba, a duba inda suka fito: yawancinsu ƙasar Tibi, Filato, Kudancin Zariya, sassan Adamawa da makamantansu, inda ikon masarauta bai yi kauri ba ko ake jin haushinsa. A cikin manyan masarautu labarin daban ne, kuma ba ranar zaɓe ake yinsa ba. Ba ka taron siyasa sai da takardar izini, mai bayarwa kuma En'e, wadda manyanta su ne 'yan takarar ɗaya ɓangaren. A ba ka izini ranar da ba kasuwa, ko a fili can bayan gari, ko a ce takardar ba ta iso ba. Ka yi ba izini, laifi. Ka ambaci sarki a lacca, a ce zagi ne. Kotun alƙali lauya ba ya shiga, kuma kundin laifuffuka na Arewa bai fara aiki ba sai 1960, bayan an gama zaɓe, saboda haka faɗin laifin da girman hukuncin suna hannun mai shari'a. Ɗaurin wata uku ya isa: ka fito an rufe karɓar sunayen 'yan takara. Mai gidan da ya sauki baƙon NEPU ya san abin da zai gani a harajin baɗi. Ga kuma 'yan Mahaukata, 'yan bangar ɓangaren NPC, a Kano tun 1953, NEPU ma ta kafa nata matasan don ramuwa. Wannan gefen ana "Salama", wancan ana "Sawaba", a tsakani ana fasa kai.

Shi ya sa in an ce ranar 12 ga Disamba an yi lafiya, an ƙirga daidai a yawancin wurare, ba na musu. Kusan kashi 80 na masu rijista sun fito.

Malam Ɗanladi:
Saura abu ɗaya da ba a taɓo ba. Ana bukatar kujeru 157 don rinjaye. NCNC da NEPU da AG in sun haɗu 162 ne, wato a takarda suna iya kafa gwamnati ba NPC. Ba a yi ba. Gwamna Janar Robertson ya kira Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda dama shi ne Firayim Minista tun 1957, NCNC ta shiga gwamnati da NPC, Azikiwe ya zama shugaban Majalisar Dattawa sannan Gwamna Janar a Nuwamba 1960, Awolowo ya koma jagoran adawa. Sardauna bai ma nemi kujerar Legas ba, ya zauna Kaduna.

Hajiya Rabi:
Ita kuma NEPU, abokiyar NCNC, ta wayi gari a ɓangaren gwamnati a Legas tare da jam'iyyar da 'yan dokanta ke kama mata mutane a gida.

Isufu Damagaram:
Ku dai taku ta sami benci ta zauna. Lokacin da kuke ƙirga akwatunan nan, Sawaba ta wata biyu da haramtawa, Djibo yana gudun hijira, magoya bayansa da dama sun tsallako Kano wajen 'yan NEPU. Nijar ta karɓi 'yanci ranar 3 ga Agusta 1960 da majalisar da babu ɗan adawa ko ɗaya a cikinta, kuma ba a sake zaɓen jam'iyyu da yawa ba sai 1993.